Agwaluma: 'yar kurmi a kasuwannin Kaduna

Daga watan Disamba zuwa Afrilu, agwaluma kan cika tiren masu talla a Kakuri da Barnawa da Sabon Tasha, unguwannin da ke kudu da kogin Kaduna.

Sai dai akasarinta daga kudancin Najeriya ake kawo ta, domin itaciyar 'yar kurmi ce mai son yawan ruwan sama da danshi, ba ta jure dogon rani.

Yarabawa na kiranta agbalumo, Inyamurai na ce mata udara, yayin da a Ghana aka san ta da alasa.

'Yar uwar kaɗanya

Masana tsirrai sun laƙaba mata suna Chrysophyllum albidum, sun kuma sanya ta a dangi ɗaya da kaɗanya da wata itaciyar ƙasar Meziko mai suna sapodila, wadda aka yi amfani da ƙaronta wajen yin cingam na sayarwa.

Alamar wannan dangi ita ce farin ruwa mai danƙo. Shi ya sa idan yara suka daɗe suna tauna naman agwaluma yakan koma kamar cingam.

Itaciyar kan wuce mita 25 a tsawo. Kowane ɗa na ɗauke da ƙwallo har biyar, ga kuma sinadarin bitamin C mai yawa.

Barazana

Matsalar ita ce ba kasafai ake shuka agwaluma a gona kamar mangwaro ko lemo ba. Yawancin itatuwan da kansu suka tsiro a daji ko a gefen gidaje, sai 'ya'yan sun nuna sun faɗo a tsince.

Ƙwallon nata kan mutu da wuri idan ya bushe, sannan sabuwar itaciya kan ɗauki shekaru kafin ta fara 'ya'ya. A halin da ake ciki kuma, masu katako da masu neman gonaki na ci gaba da sare kurmin.

Wannan ne ya sa a shekarun 1990 cibiyar binciken noman itatuwa ta ICRAF da ke Nairobi ta sanya agwaluma cikin itatuwan daji biyar da ya kamata a fifita shukawa a kurmin yammacin Afirka.

Masana na ganin yi mata aure, kamar yadda ake yi wa mangwaro, zai rage shekarun jira. In ba haka ba, raguwar itatuwan a kudu za ta taɓa aljihun masu saye da abincin masu talla a Kaduna.