"An Yi Masa Allurar Guba": Me Likita Ke Rubutawa a Takardar Asibiti?

Duk lokacin da ma'aikatan lafiya suka shigo lungunan Nima da Mamobi da akwatunan sanyi rataye a kafaɗa, ba a rasa jin magana guda tana yawo daga rumfa zuwa rumfa, musamman ranar Laraba da kasuwar Nima ke cika. Wance ta kai ɗanta awo, an yi masa allura, ya kwana da zazzaɓi, cinya ta kumbura. Kafin labarin ya kai tashar mota ya zama "an yi masa allurar guba". Kafin ya tsallaka Aflao ya shiga Lome kuwa, an ƙara masa da cewa da gangan aka yi.

To ita wannan kalma ta "da gangan" ba ƙaramar magana ba ce a asibiti. Tana da lambarta a littafin likitoci, kuma duk likitan da ya rubuta ta ya buɗe ƙofar 'yan sanda da kotu.

Littafin da ake magana shi ne kundin cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda ake kira ICD. Bugu na goma, wato ICD-10, an amince da shi a 1990, ƙasashe suka fara aiki da shi daga 1994. Bugu na sha ɗaya ya fara aiki a 2022, ƙasashe na komawa kansa sannu a hankali. A cikinsa kowace cuta da kowane rauni na da harafi da lamba. Duk mai katin inshorar lafiya ta Ghana, wadda aka kafa da dokar 2003, irin waɗannan lambobi ne asibiti ke sa wa a takardar neman kuɗinsa, ko a Babban Asibitin Mamobi ne ko a Korle Bu. Mara lafiya dai ba ya ganinsu, amma da su ake lissafin abin da ke damun jama'ar unguwa.

Abin da mu a kasuwa muke haɗawa mu kira guba, kundin ya rarraba shi. Idan an yi wa yaro allurar da ta dace, adadin da ya dace, ta hanyar da ta dace, sai jikinsa ya yi zafi ko wurin ya kumbura, wannan ba guba ba ce a wurin likita. Illar magani ce, lambarta Y58 ko Y59, gwargwadon irin rigakafin. Mafi yawan abin da iyaye mata ke kuka da shi bayan ranar awo nan ya faɗa, kuma galibi kwana ɗaya ko biyu ya wuce. Sai an ba da abin da bai kamata ba, ko an zarce ƙima, sannan ake rubuta guba, kuma dole a bi ta da lamba ta biyu mai faɗin yadda aka yi: X44 idan kuskure ne, X64 idan mutum ne ya yi wa kansa, Y14 idan ba a gano ba. Ta ƙarshe ita ce X85, wato wani ne ya yi amfani da magani don ya cuci wani.

Amurkawa sun ƙara tsawaita abin. Tun ranar 1 ga Oktoba, 2015 suke aiki da nasu samfurin, inda aka cusa niyyar a cikin lambar kanta. Misali T50.B93A na nufin guba ta wani rigakafi, ta hanyar cin zarafi, zuwan farko asibiti. Ukun nan da ke kusa da ƙarshe ita ce cin zarafin. Da 1 ce a wurin, kuskure ke nan. Da 5 ce, illar magani ce kawai.

A nan ne nake so mai karatu ya natsu, domin irin wannan lamba na iya faɗowa wayarsa wata rana tare da saƙon murya mai cewa "ga shi nan, da bakinsu sun amsa". Ba su amsa komai ba. Kowane magani da ke cikin kundin an jera masa waɗannan gurabe iri ɗaya, har farasitamol da muke saya a kemis yana da gurbin cin zarafi. Kamar ɗan kasuwa ne ya ja layin "asara" a littafinsa tun ranar da ya buɗe shago. Layin ba shaidar an yi gobara ba ne.

Amma kuma ba zan ce tsoron mutanenmu ba shi da tushe ba. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya yi tsalle. A 1996, lokacin annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer ya gwada maganin Trovan a asibitin cututtuka masu yaɗuwa na Kano. Yara kusan 200 aka sa a gwajin, 11 suka rasu, wasu suka nakasa. Kamfanin ya ce cutar ce ta yi ɓarnar, iyaye suka ce ba a yi musu bayani ba. Sai a 2009 aka sasanta da gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75. Trovan ba rigakafi ba ne, maganin kashe ƙwayar cuta ne, amma a kunnen talaka duk jirgi ɗaya ya ɗebo su. Da wannan tabo a zuciya aka dakatar da rigakafin shan inna a Kano a 2003, ba a koma ba sai Yulin 2004, bayan cutar ta tsallaka ƙasashe da dama, har da Ghana. A Fabrairun 2013 kuma 'yan bindiga suka harbe ma'aikatan rigakafi tara a Kano, yawancinsu mata. Wannan kam cin zarafi ne wanda ba ya bukatar gwajin ɗakin bincike. Ko a nan gida, a 2015 ƙorafin jama'a da na 'yan majalisa ya tsayar da gwajin rigakafin Ebola da aka shirya yi a Hohoe.

Sai dai ɓarna mafi girma da aka taɓa yi wa mutanenmu da sunan rigakafi ba ta da guba a ciki ko ɗigo. A 1995 sanƙarau ya barke a Nijar, sai aka kai gudummawar allurai dubu 88 daga Nijeriya, ɗauke da tambarin manyan kamfanonin Turai. Likitocin ƙungiyar MSF ne suka lura maganin ba ya narkewa yadda aka saba. Da aka bincika sai aka tarar jabu ne, babu sinadarin rigakafi a ciki. Kafin nan an riga an yi wa sama da mutum dubu 50. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta mutum 2,500 sun rasu sanadiyyar haka. To wace lamba za a rubuta wa wanda ya rasu a cikinsu? Sanƙarau ne ya kashe shi, sanƙarau likita zai rubuta. Wanda ya cika kwalbar ya manna mata takardar ƙarya ba zai fito a lissafin ba ko kaɗan. Kuma abin bai tsaya a 1995 ba, domin a 2015 da 2019 hukumar ta sake yin gargaɗi a kan jabun allurar sanƙarau da aka gani a Nijar.

Inda asibiti ba shi da gurbi, kotu na iya samu. A Jamus, a 2021, an gano wata ma'aikaciyar jinya tana yi wa mutane ruwan gishiri a madadin rigakafin korona, har aka kira mutum kusan 8,600 su dawo a sake musu. A 2022 kotu ta same ta da laifin yi wa mutum shida rauni da gangan, su ne kaɗai aka iya tabbatarwa.

Wannan ya shafi fatake fiye da kowa, domin mu ne masu yawo da katin shawara, wato yalo kati, a aljihu tsakanin Aflao, Elubo da Paga. Kowa ya san akwai masu sayar da katin da hatimi a kansa ba tare da allura ta taɓa fatar mutum ba, kuma akwai mai tafiyar da ya fi son hakan don kada mota ta bar shi. Wanda ya saya ya yi wa kansa abin da aka yi wa mutanen Nijar ne, da kuɗinsa. Ita kuma shawara ba ta tafi ko'ina ba: a ƙarshen 2021 ta kashe mutane a yankin Savannah, galibi makiyaya da ba a yi musu allura ba. Haka maniyyaci da ke neman allurar sanƙarau don aikin Hajji, in ya karɓa a hannun wanda ya ciro ta daga jaka, ba daga firjin asibiti ba, bai san abin da ya shiga jikinsa ba.

Idan yaro ya jigata bayan allura, hanya biyu ce, kuma ba a haɗa su. Ta farko a koma inda aka yi allurar da littafin awo a hannu, a nemi a cika takardar rahoton illa. Wannan takarda tana tafiya Hukumar Abinci da Magunguna, wato FDA, kuma da lambar rukunin maganin ake bin sawu a ga ko wasu yara a wani gari sun sami irin matsalar. Ta biyu, idan ana zargin wani ya tsira wa mutum allura da mugun nufi, sai a fara da caji ofis a karɓi fom ɗin asibiti na 'yan sanda, likita ya duba ya sa hannu. Likita ba ya rubuta cin zarafi don kawai dangi sun taru a bakin ƙofa suna faɗa. In babu hujja, "ba a gano ba" zai rubuta, ko da ran kowa zai ɓaci.

Shi kuwa katin shawara na gaskiya yana ɗauke da ranar da aka yi allurar, sunan kamfanin da ya yi maganin, lambar rukuninsa, sa hannun ma'aikaci da hatimin cibiyar. Yana fara aiki kwana goma bayan allurar. Kuma tun watan Yulin 2016 dokar lafiya ta duniya ta ce allura ɗaya ta isa har ƙarshen rai, saboda haka wanda aka ce masa katinsa ya mutu don ya shekara goma, yana da bakin magana a bakin boda.