Daga Belfast zuwa Madarumfa: Littattafan da suka hana a manta da mutanen da rikici ya ci

A gefen tafkin Madarumfa, kudu da birnin Maraɗi, akwai kaburburan da mutanen yankin ke kira na waliyyai 99. Jama'a na zuwa ziyara daga Nijar da Najeriya, kuma tun 2006 gwamnatin Nijar ta sanya tafkin da dajin da kaburburan cikin jerin wuraren da take son hukumar UNESCO ta amince da su a matsayin kayan tarihi na duniya.

Sai dai ƙasar da ta adana waɗannan kaburbura ta binne wasu mutanen masu yawa da ba a zuwa musu ziyara. Su ne waɗanda yaƙe-yaƙen sarauta da rikicin siyasa da na addini, da kuma hare-haren 'yan bindiga na yanzu, suka ci cikin shekaru 200 da suka wuce. Labarin da yawa daga cikinsu yana cikin littattafai, amma an rubuta su da Turanci ko Faransanci, kuma sun fi samuwa a jami'o'in Turai da Amurka.

Yadda Ailan ta rubuta matattunta

Tsibirin Ailan ya san irin wannan ciwo. A 1921 aka raba shi biyu: kudu ya kama hanyar samun 'yanci, arewa ta ci gaba da zama ƙarƙashin Birtaniya. Daga ƙarshen shekarun 1960 aka shiga zubar da jini tsakanin masu son haɗewar tsibirin, waɗanda galibinsu 'yan Katolika ne, da masu son zama da Birtaniya, galibinsu 'yan Furotesta, ga kuma sojojin gwamnati a tsakiya. An kashe mutum sama da 3,500 kafin a sa hannu kan yarjejeniyar sulhu a Belfast ranar 10 ga Afrilun 1998.

Shekara guda bayan sulhun, David McKittrick da abokan aikinsa suka fitar da littafin Lost Lives. Abin da suka yi shi ne bin mamatan ɗaya bayan ɗaya: sunan mutum, shekarunsa, sana'arsa, inda aka kashe shi da yadda aka kashe shi. Ba su ware soja daga ɗan tawaye ko ɗan Katolika daga ɗan Furotesta ba.

Wani littafin da ya yi fice shi ne Say Nothing na Patrick Radden Keefe, wanda ya bi labarin Jean McConville, uwar 'ya'ya 10 da mijinta ya rasu. 'Yan ƙungiyar IRA suka ɗauke ta daga gidanta a Belfast a Disambar 1972 bisa zargin tana kai wa sojoji rahoto. Sai a 2003 aka tsinci ƙasusuwanta a bakin teku, kuma binciken hukuma bai samu shaidar da ta tabbatar da zargin ba.

Bin diddigi irin wannan ya yi tasiri har a kan gwamnati. Ranar 30 ga Janairun 1972 sojojin Birtaniya suka harbe masu zanga-zanga 13 a birnin Derry. Iyalansu suka shafe shekara 38 suna neman gaskiya, har zuwa 2010 da rahoton Saville ya wanke mamatan, Firaminista David Cameron ya nemi afuwa a majalisa.

Katsina biyu, iyaka ɗaya

Tarihin ƙasar Maraɗi ma da rabuwa ya fara. Bayan mayaƙan jihadin Shehu Usman Ɗanfodiyo sun ci birnin Katsina a 1807, gidan sarautar Haɓe ya yi arewa. Daga baya Ɗan Kasawa ya kafa mulki a Maraɗi, shi ya sa har gobe ake kiran mai riƙe da sarautar Sarkin Katsinan Maraɗi. Gobirawa su ma suka kafa tasu a Tsibiri bayan yaƙin Gawakuke na 1836.

Kusan duk ƙarni na 19 ya ƙare ne da kai hari da ramuwa tsakanin Maraɗi da daular Sakkwato, kuma ƙasar Madarumfa da ke tsakanin Maraɗi da Katsina tana kan hanyar mahaya. Yusufu Bala Usman ya yi bayanin wannan zamani a littafinsa The Transformation of Katsina na 1981. M.G. Smith ya yi rubutu kan mulkin Ɗan Baskore, wanda ya ce ya yi sarauta daga 1854 zuwa 1875, Philippe David kuma ya tattara labarin jarumi Ƙaura Hasau.

Da Turawa suka zo, Birtaniya da Faransa suka shata iyaka da yarjeniyoyin 1898 da 1904 da 1906, Maraɗi ta faɗa hannun Faransa, Katsina hannun Ingila. Layin ne yau ya ratsa tsakanin Ɗan Isa da Jibiya, inda ake da dangi da surukai a kowane ɓangare. William Miles ya nuna yadda irin wannan layi ya sauya rayuwar Hausawa a littafinsa Hausaland Divided na 1994, da misalin ƙauyukan Yardaji da Yekuwa.

Sawaba, Toda da coci-coci

Jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary ta nemi a kaɗa ƙuri'ar "a'a" ga Faransa a zaɓen raba gardama na Satumbar 1958. Ta sha kaye, aka haramta ta a 1959, magoya bayanta da yawa suka tsallaka Najeriya inda suke da alaƙa da NEPU ta Malam Aminu Kano. A 1964 mayaƙanta suka kutsa Nijar da makamai, gwamnatin Diori Hamani ta murƙushe su, aka harbe wasu a bainar jama'a a Yamai. A Afrilun 1965 aka jefa wa Diori gurneti a filin Idi, ya tsira. Klaas van Walraven ya zagaya yana hira da tsofaffin 'yan Sawaba, ya fitar da The Yearning for Relief a 2013, littafi mai shafi fiye da 900.

A Oktobar 1991, lokacin da ake babban taron ƙasa a Yamai, rikicin manoma da makiyaya a Toda da ke jihar Maraɗi ya ci ran Fulani sama da 100, akasarinsu mata da yara.

A Nuwambar 2000 zanga-zangar adawa da bikin nuna tufafi na FIMA ta rikiɗe zuwa ƙone-ƙone a Maraɗi, aka afka wa mashaya da gidajen mata masu zaman kansu da coci-coci. Da wannan tarzoma Barbara Cooper ta buɗe littafinta Evangelical Christians in the Muslim Sahel na 2006. A Yunin 2019 aka sake ƙona coci a unguwar Zariya ta Maraɗi bayan an kama wani limami da ya soki daftarin dokar tsara harkokin ibada.

Abin da ke faruwa yanzu

Yau barazanar da ke gaban mutanen Madarumfa da Gabi da Gidan Runji ita ce ta masu satar shanu da garkuwa da mutane, waɗanda ke fakewa a dazuzzukan kan iyaka irin su Babban Rafi. A 2019 hukumar kula da 'yan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce mutum fiye da 40,000 sun tsere daga Sakkwato da Zamfara da Katsina zuwa jihar Maraɗi.

Rikicin nan ya bambanta da na Ailan. Can akwai ƙungiyoyi masu manufar siyasa da shugabannin da aka iya zama da su a teburi, nan kuwa kuɗin fansa ne kan gaba. Inda suka yi kama shi ne halin da iyalai ke shiga. Rahotanni kan zo da adadi, a ce an kashe kaza an sace kaza, bayan mako guda wani harin ya danne labarin. In babu suna babu rana, da wuya a biya diyya ko a hukunta mai laifi, kuma kowane ɓangare zai riƙa ƙirga nasa mamatan kaɗai.

Aikin ba ya rasa haɗari. Jami'ar Boston College ta Amurka ta naɗi hirarraki da tsofaffin mayaƙan Ailan bisa alkawarin ba za a saki muryar kowa ba sai bayan mutuwarsa, amma daga 2011 'yan sanda suka bi ta kotu suka karɓi wasu daga cikin faya-fayen. A yankin da ake zargin akwai masu kai wa 'yan bindiga rahoto a cikin gari, duk mai naɗar muryar wani sai ya fara tunanin tsaron mai maganar.

Duk da haka kayan aikin suna nan. Akwai Jami'ar Ɗan Dicko Ɗankoulodo a Maraɗi, akwai cibiyar CELHTO mai tattara tarihin baka a Yamai, ga gidajen rediyon karkara, ga waya a hannun kusan kowane matashi. 'Yan Maraɗi da ke ci-rani a Kano da Legas da Aljeriya da Faransa kuma su ne suka fi samun damar sayen littattafan da kuma ɗaukar nauyin mayar da su Hausa, harshen da Nijar ta ayyana a matsayin na ƙasa a 2025.

Lokaci ne kawai ba ya jira. Wanda yake ɗan shekara 20 lokacin yunƙurin Sawaba na 1964 ya haura 80 a yau, yaran da suka tsira a Toda kuma sun zama iyaye. Hausawa na cewa waiwaye adon tafiya, amma sai da mai ba da labari a raye ake samun abin waiwayen.