Nahawun Latin da Tasirinsa a Nazarin Harsuna

Latin harshen lardin Latiyum ne na ƙasar Italiya, wanda ya bunƙasa tare da daular Rum. Bayan faɗuwar ɓangaren yamma na daular a shekarar 476, karin harshen talakawa ya ci gaba da rarrabuwa har ya haifi Faransanci da Italiyanci da Sifaniyanci. Shi kuwa rubutaccen Latin sai ya zama harshen coci da ilimi. Da shi Newton ya wallafa babban littafinsa a 1687.

Abin lura ga manazarci shi ne nahawun. A ƙarni na 4 Donatus ya kasa kalmomi gida takwas, bisa tsarin Girkawa. Da yake Latin ba shi da ƙwayar fayyace suna irin ta Girkanci, sai aka cike gurbin da kalmomin motsin rai. Ita sifa ba ta sami aji nata ba, ƙarƙashin suna aka ajiye ta. Wannan awo, wanda aka yanka domin harshe guda, shi Turawa suka daɗe suna gwada sauran harsuna da shi, har zuwa zamanin Schön, wanda ya buga nahawun Hausa a 1862.