Riƙon da ya fito daga tafasasshen ruwa

Makiyayin da ke kora shanunsa zuwa rijiya a Ollelewa, cikin ƙasar Damargu, yana tafe da wata al'umma ta halittun Allah wadda ido ba ya gani, domin a tumbin kowace saniya da kowane raƙumi akwai ƙwayoyin da masana ke kira arkiya, waɗanda suke fitar da iskar metan da dabba ke gyatsawa. Sai a shekarar 1977 Carl Woese da George Fox na Amurka suka tabbatar cewa jinsi ne mai zaman kansa, dabam da bakteriya.

Abin al'ajabi yana ga danginsu mazauna wurare masu tsananin zafi. Akwai Sulfolobus solfataricus, wadda aka samo a maɓuɓɓugar kibiritu kusa da birnin Naples na Italiya, tana rayuwarta a zafin da ya kai digiri 80; alhali kuwa DNA, wato littafin gadon kowace halitta, zare biyu ne a murɗe, kuma ɗabi'arsa ce zafi ya warware shi. Daga cikin hikimomin da aka yi wa wannan ƙwaya akwai wani ɗan ƙaramin furotin mai suna Sso7d, wanda yake damƙe zaren a duk inda ya tarar, ba tare da ya zaɓi haruffan da ke rubuce a wurin ba, ya lanƙwasa shi, ya hana shi rabuwa.

Masu gwajin PCR, wanda da shi ake gano ƙwayar cuta ta hanyar kwafe DNA ɗinta har ta yawaita, sun daɗe suna fama da wata illa, ita ce enzayim mai kwafin yakan suɓuce daga zaren kafin ya yi nisa, kamar igiyar guga a jiƙaƙƙen hannu. A shekarar 2004 aka wallafa cewa idan an liƙa masa Sso7d riƙonsa yana ƙaruwa, har ya kwafe dogon zare cikin sauri, kuma yau ana sayar da irinsa a ɗakunan bincike.

A ganina, tun da an sami wannan fa'ida a ruwan Italiya, bai kamata tafkunan kanwa na ƙasar Manga da tumbin dabbobinmu su zauna ba bincike ba. Haƙƙi ne a kan Jami'ar André Salifou ta Damagaram da hukumomin ilimi su tanadar wa ɗalibai kayan wannan aiki.