Shin Akwai Cikakken Shiru a Sararin Samaniya?

Marubuta ƙagaggun labarai sukan siffanta wata duniya wadda shiru ke mulkinta, babu amo ko kaɗan tun farkon zamani. Ɗalibin kimiyya yana da damar tambaya ko akwai irin wannan wuri a zahiri. Kafin a ba shi amsa, wajibi ne a fara sanin mene ne sauti.

Idan makaɗi ya doki kalangu, fatar takan girgiza ta ture ƙwayoyin iskar da ke kusa da ita, su kuma su ture na gabansu, haka nan har girgizar ta isa dodon kunne. Ba iskar ce ke tasowa daga wurin makaɗi ba, turin ne ke tafiya, kuma tafiyar tana cin lokaci. Duk wanda ya taɓa hango mata suna sussuka daga nesa a bayan garin Rawayya ya san ido yakan ga saukar taɓarya kafin kunne ya ji dukan. Dalili shi ne sauti yana cin kimanin mita 343 ne kawai a daƙiƙa cikin iska. Da damina, idan walƙiya ta haska ta wajen dutsen Kwatarkwashi, sai ɗalibi ya ƙirga daƙiƙoƙi har ya ji tsawa: kowace daƙiƙa uku kusan kilomita ɗaya ce. A cikin ruwa saurin yakan kai mita 1,480, a ƙarfe kuwa ya zarce 5,000.

Ke nan sauti yana bukatar abin da zai bi. A shekarar 1660 Robert Boyle ya ba da labarin gwajin da ya yi. Ya rataye agogo da zare cikin tulun gilashi, ya riƙa zuƙe iskar da famfo. Ƙarar agogon ta yi ta raguwa har ta ɓace, alhali agogon bai tsaya ba. Malamin da makarantarsa ke da irin wannan famfo bai kamata ya bar shi yana cin ƙura ba, domin gwajin ya fi dogon bayani shiga kai.

Wata ba shi da iskar da za ta ɗauki murya. Shi ya sa Neil Armstrong da Buzz Aldrin, da suka sauka a kansa a 1969, da rediyo suka yi ta magana ko suna tsaye daf da juna, saboda igiyar rediyo, kamar haske, ba ta bukatar iska. Rugugin da ake ji a finafinai idan kumbo ya fashe a samaniya kuwa, ƙarin gishiri ne na masu shirya fim.

Sai dai a nan ne zancen ya ɗauki sabon salo, domin samaniya ba fanko ba ce gaba ɗaya. A tsakanin taurari akwai kimanin ƙwayar zarra ɗaya a wuri mai santimita ɗaya tsawo da faɗi da zurfi, alhali iskar da muke shaƙa tana da ƙwayoyi biliyan 25 sau biliyan a daidai wannan wuri. Iska mai ƙaranci haka ba ta ɗaukar murya, amma tana ɗaukar girgiza mai tsananin nawa. A 2003 na'urar hangen nesa ta Chandra, mallakar hukumar NASA ta Amurka, ta gano irin wannan girgiza cikin zazzafar iskar gungun taurarin Perseus, tana fitowa daga wani baƙin rami. Kowane bugu ɗaya yana ɗaukar wajen shekara miliyan 10. Kunnen ɗan Adam kuwa ba ya jin abin da bai kai bugu 20 a daƙiƙa ba. Sautin yana nan, mu ne ba mu da kunnen jinsa.

A duniyar Mars ma na'urar Perseverance ta naɗo hucin iska a 2021, aka kuma auna saurin sauti a can kimanin mita 240 a daƙiƙa.

To, a doron ƙasa fa? An gina ɗakuna masu bangon da ke haɗiye amo, kamar na kamfanin Microsoft a Amurka, wanda a 2015 aka auna shirunsa ya yi ƙasa ƙwarai da abin da kunne ke iya kamawa. Waɗanda suka shiga sukan fara jin bugun zuciyarsu da numfashinsu. Ko da an fitar da mutum, ƙwayoyin iskar ɗakin ba su daina karo da juna ba, saboda zafi ne ke motsa su. Sai an sanyaya su zuwa digiri 273.15 ƙasa da sifiri a ma'aunin Selsiyas wannan motsi na zafi zai ƙare, kuma dokokin kimiyyar zafi sun nuna ana iya kusantar wannan sanyi, amma ba a isa gare shi.