Makarantar da Ke Bayan Jagora

Duk wanda ya tashi a ƙasar da ta kama daga Ƙauran Namoda zuwa Zurmi, ta biyo ta Katuru ta faɗa Shinkafi, ya san cewa idan dattawa suka shiga zancen Ibrahim Narambaɗa, mutumin Tubali, wanda ya yi wa Sarkin Gobir na Isa Amadu kiɗan kotso, ba a jimawa sai wani ya ce ai irin wannan fasaha ta fi ƙarfin ɗan Adam, ko dai ilhami ne daga Allah, ko kuwa mutanen ɓoye ke kawo masa. Baiwa kam haƙiƙa ce, ba mai musunta sai wanda bai taɓa jin waƙarsa Bakandamiya ba. Amma abin da ya daɗe yana damuna shi ne yadda muke ambaton jagora mu manta da 'yan amshin da ke bayansa, alhali kuwa a wurin zamansu ne ake renon fasahar tun tana jaririya.

Wata masaniya Ba'amurkiya, Jean Lave, ta zauna cikin teloli 'yan ƙabilun Vai da Gola a Monrobiya ta ƙasar Laberiya a shekarun 1970, tana duban yadda yaro ke zama gwani ba tare da an taɓa zaunar da shi an yi masa darasi ba. Ta tarar ana farawa ne daga ƙarshen aiki: guga da ɗinkin maɓalli da kalmasa tukuna, sa'an nan hawa keke, yanka kuwa sai can daga baya, domin kuskuren maɓalli ana warware shi, na almakashi kuwa ya cinye yadin mutane. A 1991 ita da Etienne Wenger suka fitar da littafi suna kafa hujja cewa koyo tafiya ce daga gefen jama'ar masu sana'a zuwa tsakiyarsu. Wanda ya taɓa tsayawa a rumfar tela a kasuwar Shinkafi, ya ga yaro yana fifita gawayin dutsen guga, idonsa kuwa na kan hannun maigidansa da ke ɗora alli bisa shadda, ba zai ji wannan bayani baƙo ba. Tun a 1377 ma Ibnu Haldun ya bayyana cikin Muƙaddimarsa cewa sana'a malaka ce, mai kafuwa a zuciya ta hanyar maimaici da lazimtar gwani.

Haka sha'anin makaɗan fada yake. Yaro yakan fara da ɗaukar kayan kiɗa, ya koyi karɓar gindin waƙa har ya zauna masa a baki, daga nan a yarje masa ƙari, wato jagora ya ɗauko ɗan waƙa ya saki, su kuma su cafe su ƙarasa masa. Musa Ɗanƙwairo, wanda ya rasu a 1991, ya yi shekaru yana amshi a bayan mahaifinsa da yayansa Kurna kafin ya ja nasa ayarin.

Sai dai kada a zaci duk taro ke haifar da hikima, domin malaman ilmin halayyar ɗan Adam sun jarraba wannan zato, bai tsaya ba. Wani mai sana'ar talla a Amurka, Alex Osborn, ya yaɗa da'awar cewa in aka tara mutane kowa ya faɗi abin da ya zo masa ba tare da suka ba, dabaru za su yawaita. Amma a 1958, a Jami'ar Yale, da aka gwada ɗalibai huɗu-huɗu a haɗe da waɗansu huɗu-huɗu kowa shi kaɗai, sai na kaɗaicin suka zo da dabaru kusan ninki biyu. A 1987 Jamusawa biyu, Diehl da Stroebe, suka gano babbar illar: mutum ɗaya ke magana a lokaci guda, mai jiran layi kuwa yana fama da riƙon abin da ke bakinsa, har ya zube, sabo bai samu shiga ba.

A nan ne nake ganin makaɗanmu sun yi wata basira da ta cancanci nazari. Sa'ad da 'yan amshi ke maimaita gindin waƙa, kotso na tafiya, ba a jiran kowa ya ƙago kome sai jagora, shi kuwa an ɗauke masa nauyin cika fili, ya samu numfashi, ya samu halwa ta ɗan lokaci a tsakiyar taro, inda zai saƙa ɗan da zai biyo. Jama'arsa na riƙe masa zaren, shi yana can yana tunani. Su ma kowace karɓa tana ƙara zaunar musu da karin a kunne. Malaman zaure sun san makamancin wannan, shi ya sa Zarnuji cikin littafinsa Ta'alimul Muta'allimi ya kwaɗaitar da ɗalibi ga muzakara da abokai, tare da tikirari da ta'ammuli shi kaɗai.

Abin da ke sa ni baƙin ciki shi ne, irin wannan makaranta ba ta da gini balle rajista, rayuwarta duka tana ga haɗuwar mutane, haɗuwar kuwa ita ce abin da ta'adin 'yan bindiga ya fi yi wa lahani a wannan yanki. A 2021 har kasuwannin mako aka rufe a Zamfara. Inda noma ya gagara gayya ta mutu, kiɗan noma ya bi ta; inda ƙauye ya watse, yaron da ya kai matakin kalmasa yana wani gari yana tura baro, maigidan nasa kuwa yana wani, da almakashinsa ƙulle cikin buhu.