Kariyar 'yan sanda bisa umarnin kotu a rikicin kasuwanci

Kariyar 'yan sanda bisa umarnin kotu wani mataki ne na shari'a da ɗan kasuwa ke ɗauka idan saɓani tsakaninsa da abokin hulɗarsa ya kai ga barazana ga rayuwarsa ko dukiyarsa. Yakan roƙi kotu ta hana wanda ke masa barazana cutar da shi, ta kuma umarci 'yan sanda su tabbatar an bi wannan umarni. Umarnin yana tsare rai da dukiya ne kawai. Ba ya yanke hukunci kan wanda ke da gaskiya a cinikin.

Tushensa a dokar Najeriya

Kundin tsarin mulki na 1999 ya kare 'yancin rayuwa a sashe na 33, mutuncin ɗan Adam a sashe na 34, da 'yancin walwala a sashe na 35. Sashe na 46 ya ba duk wanda aka tauye wa ɗaya daga cikin waɗannan haƙƙoƙi, ko ake shirin tauye masa, damar zuwa Babbar Kotu a jihar da abin ya faru. Ke nan ba sai an ji wa mutum ciwo ba kafin ya kai ƙara. Sashe na 287 kuma ya wajabta wa dukkan hukumomi aiwatar da hukuncin kotu.

Barazana kanta laifi ce. Dokar Final Kod ta Arewacin Najeriya, wadda ta fara aiki a 1960, ta tanadi ɗaurin da ya kai shekara 2 ga mai tsoratarwa, ko shekara 7 idan barazanar kisa ce ko ta cinna wa dukiya wuta.

Yadda ake nema

Yawanci mai koke yakan fara kai rahoto ofishin 'yan sanda na yankinsa. Idan ba a ɗauki mataki ba, sai lauyansa ya shigar da buƙata bisa ƙa'idojin kare haƙƙin ɗan Adam na 2009, tare da takardar rantsuwa mai bayyana wanda ya yi barazanar, da ranar, da wurin. Saƙonnin waya, muryar da aka naɗa, da shaidun gani da ido suna ƙarfafa buƙatar.

Idan rai na cikin haɗari, alƙali na iya ba da umarnin wucin gadi tun kafin ya saurari ɗaya ɓangaren, amma na ɗan lokaci ne, har a kira kowa ya yi bayani. Kotun majistare ma na iya sa mai barazanar ya sa hannu kan alkawarin zaman lafiya tare da mai tsaya masa. Wanda ya karya umarnin kotu yana fuskantar tuhumar raina kotu.

Iyakar aikin 'yan sanda

Wasu 'yan kasuwa kan fake da neman kariya don su sa a kama wanda suke bi bashi. Doka ta hana haka. A shari'ar McLaren da Jennings ta 2003, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce karɓar bashi ba aikin 'yan sanda ba ne. Dokar 'yan sanda ta 2020, a sashe na 32, ta haramta kama mutum saboda saɓa yarjejeniyar ciniki kaɗai.

Shi ya sa wani lokaci kariyar da ake nema daga 'yan sandan ne kansu. A rikicin kamfanonin BUA da Dangote kan wuraren haƙar ma'adinai na Obu da ke Okpella a Jihar Edo, Babbar Kotun Tarayya da ke Benin ta hana 'yan sanda da kamfanin Dangote katsalandan a ayyukan BUA a wuraren a 2020.

A Kafur da kewaye

A ƙaramar hukumar Kafur da sauran yankin noma na Malumfashi da Funtuwa, saɓani kan taso ne daga bashin taki da za a biya da masara ko dawa bayan girbi, jinginar gona, hayar tarakta, da kuɗin da aka ba dillali ya sayi hatsi a ajiye. Yawancin irin wannan hulɗa ta baka ce bisa amana, abin da ke wahalar da kawo hujja idan rigima ta tashi.

Mutane kan fara da sulhu a gaban shugabannin kasuwa, mai unguwa, dagaci ko hakimi. Maganar bashi da gona takan je kotun shari'ar Musulunci, amma ƙarar kare haƙƙi sai Babbar Kotun Jiha a Malumfashi ko Funtuwa, ko Babbar Kotun Tarayya a Katsina. Kuɗin lauya, nisan tafiya, da ƙarancin jami'an da matsalar 'yan bindiga ta ɗauke wa hankali suna sa ƙananan 'yan kasuwa da yawa ba sa bin wannan hanya.